Mai Gyaran Tele a Wadata

Shekara talatin ina kwance bayan tele ina ɗaurewa
a rumfata ta Wadata, nan Tawa, daura da masu albasa.
Soyayyar duniya kaf ta biyo ta kan teburina,
wata ba murya, wata fuska kore shar,
wata kai ƙasa ƙafa sama,
sai na ɗiga dalma a waya ta miƙe.

Na ga namiji ya durƙusa da zobe a bakin teku
ya fi sau dubu.
Ban taɓa ganin ya tashi ya auno gero ba.
Na ga mace na gudu cikin ruwan sama, gashi a sake,
ko atishawa babu.
Mu in hadari ya haɗo, robobi muke jerawa
inda soro ke yoyo.

Jiya Shamsiya, autata, ta kawo mini fura,
ta tsaya kallon wata da nake gwadawa.
Saurayin ciki ya dafe ƙirji:
ke kaɗai, har abada, in ba ke ba rijiya.
Ta ce, Baba, kai ma mata ɗaya gare ka,
ka taɓa gaya wa Inna haka?

Dalma ta ɗigo mini a yatsa.

Me zan ce wa yarinya?
Ko sunan Barira ban cika kamawa ba.
Ke, nake cewa, ta amsa daga madafa,
in tana fushi ta bar ludayi ya amsa.

Dā a fada cewa ake, Illiyasu aljihu ne ya taka masa burki.
Da finafinai suka cika gari
samari suka koma cewa tsoho ɗan zamani ne.
Duk sun harbi iska.
Ban zauna don tele ba, ban fasa don jikka ba,
ruwan da ya ishe ni wanka ne na samu, na tsaya.

Lokacin da na yi shekara huɗu a Abijan
ta aiko mini kaset ta hannun wani ɗan Badagishiri.
Akuya ta haifi biyu. Katangar yamma ta faɗi.
Gwaggo na gaishe ka. Yaro ya fara haƙori.
Shi ke nan.
Amma kafin ta danna maɓalli ta yi shiru,
dogon shiru, har ana jin zakaran maƙwabta,
da numfashinta.
Wannan shirun na yi ta mayarwa har zare ya tsinke,
na liƙe shi da jan farce, na ci gaba.
Wane mai kamara zai ɗauki wannan?
Wa zai saka talla a tsakiyarsa?

Ba sa nuna mako guda da muka yi ba magana
a kan dala ashirin,
ko daren lopital, ina kan benci, tana ciki,
ina lissafin kuɗin magani ina ɓata lissafin da addu'a.
Su da an ɗaura aure sai sunaye su hau sama.
To daga nan namu ya soma.

Ban kai ga amsa ba aka ɗauke kuran.
Gilashi ya yi baƙi, saurayi ya ɓace da abadansa,
sai ni da Shamsiya a ciki, da ƙwarya tsakaninmu.

Da dare na sayi kifin Tabalak, na ƙudura zan gwada.
Na tsaya bakin madafa, na yi gyaran murya, na dafe ƙirji.
Barira ta ɗago, ta dube ni sama da ƙasa:
Ƙirjin ne kuma? Na ce ka rage shayin nan.
Wanke hannu, tuwo na hucewa.

Na wanke.